Kada ki taɓa tiren da ke firiji

Yaya,

Kafin ki ajiye jaka ki karanta wannan. Tiren da ke cikin firiji kada ki taɓa shi, ko ɗanɗane kada ki yi.

Da safe na haɗa wa Baba abin ƙara ƙarfin nan, tunda likita ya hana shi nama: dabino, niƙaƙƙiyar gyaɗa, riɗi da garin waken suya. Ba a ɗora shi a wuta. Cuɗawa kawai na yi na danne a tire, da ya yi tauri na yanka goma sha biyu.

Garin daga gwangwani mai shuɗin murfi na ɗebo. Kin san halin Baba, ba ya yar da gwangwani, ba ya kuma rubuta abin da ya zuba a ciki. Yanzu na ga garin wakenmu a bayan tukwane, ko buɗe shi ba a yi ba. Mai shuɗin murfin kuwa ƙasa ce manne a gindinsa, irin ta lambun tumatir ɗin Baba. Ina tsoron maganin ƙwari ne.

Kyanwa ta lashe kwanon da na cuɗa a ciki. Ga ta can bayan ƙofa tana dalalar da miyau, ƙafafunta na rawa.

Sau uku na ƙirga, Yaya. Goma ne a tiren. Baba ya fita zagayensa, wayarsa na kan kujera.

Na bi bayansa. Ki sa gwangwanin a leda ki same mu asibiti, za su so su gani. Faɗan ki ajiye min, zan sha daga baya.

Ni ma na lashi cokalin.

Ƙanwarki