Ungozomar Majigi

Karaye, 1957

Zuwa ga ƙanena Gwadabe,

Bayan gaisuwa mai yawa, ya aikin majigi? Malam Sulle ke rubuta mini.

Kai ka kawo mini Baturiyar nan, Misis Dobi, ka ce wasa ne kawai: in fito a ƙazamar ungozoma, in yanke cibi da reza mai tsatsa, jaririn tsumma ya mutu. To, tun da kuka haska shi a kasuwar Karaye ba wanda ya sake aiko mini. Shekara ashirin ina karɓar haihuwa, yau in na gifta mata janye 'ya'yansu suke yi.

Na ji za ku Rogo. 'Yata Maijidda tana aure a Ruwan Bago, kusa da Rogo, cikin fari ne, ya kamata a maido mini ita goyon ciki. In surukanta suka ga fuskata a kan farin ƙyallen nan, ba za su ba ni ita ba. Don Allah kada ka nuna.

Yayarka,
Baraka

Rogo

Yaya Baraka,

Gaisuwa da ban girma. Wasiƙarki ta hana ni cin abinci. Ni tafinta ne, Yaya, ba ni da ikon hanawa, an nuna.

Na karanta wa Misis Dobi. Ta ce shekara talatin ta yi a Ingila tana fitowa a silima, da wani akwatin hoto na cikin gidajensu, kullum a kuku, ko maƙwabciya magulmaciya, ko muguwar mai gidan haya. Ba a taɓa sa ta fito a amarya ba, kuma ba wanda ya san sunanta. Ta ce can a tsane ta da yamma, gari na wayewa an manta, ta ɗauka nan ma haka ne. 

Ita ta ce in yi magana. Ana tsakiyar kallo na faɗa a lasifika: "Jama'a, wannan yayata ce, wasa ne, jaririn ma tsumma ne!" Baturenmu, shugaban majigin, ya ce na ɓata darasi, ya zazzage ni tas. Mijin Maijidda yana wurin, ya ji.

Ki yafe mini.
Gwadabe

Ruwan Bago

Gwadabe,

Gaisuwa. Sun ji maganarka. Uwar miji ta ce in wasa ne, ina na koyi yin sa da kyau haka?

Ba su maido ta ba, ni na biyo ta. Ta sauka lafiya, namiji, wata ungozoma ce ta karɓa. An bar mini hura wutar ruwan jego, kuma ina yi. Ban taɓa jaririn ba tukuna. Daga bakin ƙofa dai, kunnuwansa irin naka ne.

Ka huta lafiya.
Baraka