Hawayen Baba da Ka Sauya wa Wuri

Zuwa ga ƙanena Kabiru,

Bayan gaisuwa da fatan kana lafiya a can Japan, na ga saƙonka. Ka ce dattijuwar da ke koya maka tace fim, wadda ta tsufa tana yi wa masu shirya ƙananan finafinai aiki, ta yaba da hannunka, kuma kana so ka dawo ka sake ɗaukar Baba a fim. Na jinkirta amsa don kada in faɗi abin da ya wuce gaskiya.

Ka tuna ranar da ka zaunar da shi a zaure. Ya sa rigarsa ta Juma'a, ya ba ka labarin yadda aka kore shanunmu, muryarsa ko rawa ba ta yi ba. Sai da ka tambaye shi wa ke dama masa fura da nononsu, ya tuna marigayiya Inna, sannan ya share ido da hannun riga. Ina tsaye a bayanka.

A fim ɗin ka cire tambayar. Ka ɗauko hawayen ka manna su bayan hoton turakun shanu wayam. Na ji an ce wannan gwaninta ce, har baƙi sun tafa maka.

Fim ɗin ya shiga wayoyin mutane a kasuwar Yankara. Dillalai suka riƙa cewa Alhaji ya kasa ɗaukar ƙaddara, yana kuka a kan dabba. Wani sa'anka ya tambaye shi ko a sayo masa maraƙi don ya daina kuka. Bai sake cin kasuwar ba.

Na ce masa zan sa ka aiko da ɗaukar yadda take, kowa ya ji gaskiya. Ya hana. Ya ce, "Bar su da shanun. In ce masu mi? Matata nike ma kuka?"

Saboda haka babu abin da za ka gyara. Kai ka zaɓa masa wannan kunyar, shi kuma ya ga ta fi masa sauƙi. Har yanzu yakan tambaya ko kana samun tuwo a can. Ni ban taɓa tambaya ba.

In za ka zo, ka bar kyamarar. Ka zauna a gabansa yini guda, inda ba ka da ikon yanke komai.

Allah ya jiƙan Inna, ya ƙara wa Baba haƙuri da mu, ya sa kada ɗanka ya gaji hannunka.

Yayanka,
Mansur