Hannun da na sa wa tifar Garzali

Wudil, Jihar Kano

Zuwa ga Yaya Saudatu,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa ta girmamawa, ina roƙon Allah Ya sa wannan takarda ta same ki lafiya, ke da maigidanki Malam Isiyaku da yara a can Yola. Mu nan muna lafiya. Ƙafar Inna ta yi sauƙi, har tana fita tsakar gida da kanta. Mai ɗakina Mairo ma ta warware daga zazzaɓin da ta yi.

Yaya, na zaɓi in rubuto ne domin maganar ta fi ƙarfin waya. Kin san wata huɗu ke nan da hukuma ta kama tifar ƙaninmu Garzali a bakin kogi, tare da wasu motoci, saboda ɗiban yashi a inda aka hana. Abin da ba ki sani ba shi ne, ina cikin manoman da suka kai kukan. Masu haƙa sun rarake gaɓa har ruwa ya cinye kadada guda na lambun da Baba ya bar mini, wajen da nake albasa. Ranar da muka sa hannu a takardar koken ban san Garzali ya koma ɗiba a wurin ba. Ya ce mini marmara yake ɗauka.

Makon jiya kotu ta ce a saki motocin, amma da sharaɗi. Kowane direba zai yi rantsuwa ba zai sake kusantar wurin ba, kuma ya kawo mai tsaya masa da takardar fili ko gona. In ya karya alkawari, wanda ya tsaya masa ne zai amsa. A gidanmu ni kaɗai ke da takarda. Garzali ya zo ya durƙusa, ya ce yaransa sun gaji da kunun safe da na dare, in rufa masa asiri. Inna ba ta matsa mini ba. Cewa kawai ta yi nono ɗaya muka sha, ta juya ta ci gaba da jan carbinta. Na kai takardar lambun, na sa hannu. Da na fito, abokan noman da muka kai kuka tare suna tsaye a ƙofar kotu. Malam Ɗan'auta, wanda gonarsa ke jikin tawa, ya ce ashe masu rarake kogin ma suna da 'yan uwa a cikinmu. Tun ranar bai amsa sallamata ba.

Motar ta fito. Kwana shida Garzali yana zuwa tasha yana dawowa ba lodi, domin duk mai gini yashi yake nema. Jiya da safe na bi ta ƙofar gidansa, sai na ga jiƙaƙƙen yashi maƙale a tayoyin bayan tifar. Na daɗe a tsaye ina kallo. Ban shiga ba, ban kuma tambaye shi ba. In na kai ƙara, takardar lambuna ce a hannun kotu. In na yi shiru, ruwa zai ci gaba da cin lambun, ga damina ta kusa.

Don Allah ki roƙar mini Malam Isiyaku, ko zai samar wa Garzali aikin ɗaukar dutse a wajenku. Ki kira Garzalin da kanki, maganarki yake ji. Kada ki ce ni na gaya miki, kada kuma Inna ta ji.

Inna tana sa miki albarka. Mairo tana gaishe ki. Ki gaida Malam, ki shafa mini kan Khaulat da Lukman. Ki sa ni a addu'a, Yaya, domin yanzu ko ƙarar tifa na ji daga nesa sai in ajiye fartanya in saurara.

Ƙaninki,
Yahuza