Ƙanƙarar Lemo a Ƙofar Ɗakin Jinya

Zuwa gare ka, maigidana, uban 'ya'yana, inuwar da nake fakewa idan rana ta take tsaka, ruwan randata mai sanyi, iskar nan da ke riga hadari isowa ta gaya wa mutane sauƙi ya kusa. Ina yi maka sallama da gaisuwar jinya, ni matarka da ka hana ta gaishe ka ido da ido. Ya jiki? Ya wuyan? Allah Ya sa kaffara ne, Ya tashi kafaɗunka.

Hasken idona, ban saba rubuta irin wannan takarda ba, kai ma shaida ne. Abin da ke bakina a fuskar mutum nake faɗarsa. Amma tun da aka yi maka aiki a maƙogwaro, ka farfaɗo ba murya, ka nemi biro ka rubuta wa nas cewa kada a bar ni in shigo, ba ni da wata ƙofa zuwa gare ka sai wannan. Yayarka tana shiga. Maƙwabtanka na shago suna shiga, har mai facin taya da ko gaisawar kirki ba kwa yi ya shiga ya fito yana ba ni labarin yadda ka rame. Ni kaɗai ce a bencin waje! Yaushe ka zama inuwar giginya, na nesa ka sha? Wane laifi ƙasa ta yi wa ruwan sama da zai zuba a kan kowane dutse ya tsallake gonar da ke jiransa?

Likita ya kira ni gefe ya yi mini bayani, don ko ka hana ni ɗaki ba ka cire ni daga zama matarka ba. Ya ce ciwon ya kama hanyar warkewa, lokaci ya yi da za ka fara haɗiyar abu mai laushi da sanyi, amma ka kafe, ko cokali aka kawo sai ka juya fuska bango. Ya ce robar da ke hancinka ba za ta riƙe ka har abada ba, kuma in ba ka fara ci ba jikinka ba zai ɗauki sauran maganin da ke gaba ba. Ka ji abin da ke hana ni sukuni. Ba fushin benci ba ne, ina tsoron in rasa ka ne, kana bayan bango ɗaya da ni.

Na matsa wa Yaya sai da ta gaya mini dalili. Ta ce ta tambaye ka, ka rubuta mata: "Za ta ce ai ta faɗa mini." Wayyo ni! Ashe abin da ya tsaya tsakaninmu ke nan? To bari in yi maka magana yadda na saba, don soyayyar da ba gaskiya a cikinta rijiya ce ba ruwa. Na faɗa, ban musa ba. Shekara da shekaru ina yaƙi da tabar nan, na ɓoye ashana, na zubar da kwali, na hana ka rungumar yara da warinta a riga. Ba zan ce yau na yi kuskure ba, domin ƙarya haramun ce ko a bakin gadon asibiti. Amma kana zaton daɗi nake ji? Wace uwa ce ke hana ɗa wasa da wuta tana fatan ya ƙone don a ce maganarta ta fito? Wallahi da a ce ka tsufa kana yi mini dariya, kana cewa duk wa'azina ya tashi a banza, da na fi kowa murna a duniya. Kuma ka sani, guje wa abinci da gangan ba jarumta ba ce. Ranka amana ne a hannunka, kuma akwai masu haƙƙi a cikinsa.

Sanyin zuciyata, ka tuna bazarar farko bayan aurenmu? Na kawo maka abincin rana shago, zafi kamar ana gasa mutum, kana tsugune bayan wata tsohuwar firiza da ka gama gyarawa, gumi ya jiƙe maka baya. Na ga ka buɗe lemon kwalba mai ruwan goro ka juye a kwanon silba, kana ta juya shi da cokali har kumfar ta mutu, ka tsiyaya madarar gwangwani mai kauri, ka gauraya, ka tura cikin firizar mutane. Na ce wannan wane irin almubazzaranci ne? Ka ce ai gwaji ne, ruwa kowace gajiyayyiyar firiza tana iya daskarar da shi, amma abu mai sukari sai mai cikakkiyar lafiya. In ya kama, aiki ya yi, a kira mai kaya. Da gefen kwanon ya fara kamawa ka ciro ka kankare da cokali mai yatsu, ka mayar, ka sake cirowa ka kankare, har ya tashi ya yi laushi kamar audugar da aka shiɓa. Ka ɗebo ka miƙo mini baki. Na kau da kai, na ce matar aure ba ta lasar cokali a bakin titi, kuma zaƙi ba abin da yake haifarwa sai ruɓewar haƙori. Ka yi dariyar nan taka da ke girgiza kafaɗu ka ce, "To Sajan, an ji, an kuma bi." Daga ranar sunan ya bi ni har cikin gida.

Kowace bazara haka kake yi. Ka gyara firiza, ka shigo da kwano a naɗe cikin tawul, yara su yanyame ka, ni kuwa ina tsaye da buroshin haƙori a hannu ina jiran su gama. Ban taɓa karɓar cokalinka ba ko sau ɗaya. Ina ganin idan uwa ta lasa, da wane baki za ta hana? Amma ina kallonka ta gefen ido, ya kai farin watana, ina kallon yadda kake goge wa Auta haɓa da babban yatsanka, zuciyata tana narkewa fiye da abin da ke kwanon. Ban faɗa ba ne kawai.

Shi ya sa da likita ya ce abu mai laushi da sanyi, ban yi tunanin komai ba sai wannan. Na tambaye shi, ya ce babu laifi kaɗan kaɗan, muddin gas ɗin ya fita sarai don kada ya yi maka zafi a ciwo. Na tsaya kanti na sayi lemo da hannuna. Mai kantin sai da ya leƙa fuskata ya ce, "Maman yara, lafiya kuwa? Ko baƙi aka yi?" Babbar 'yarka ta gan ni da kwalabe ta riƙe baki ta ce, "Mama, yau ta ina rana ta fito?" Na ce ta wuce ta ba ni wuri, ba na son iyayi.

Kada ka yi zaton abin ya zo mini da sauƙi. Da fari na sa kwalbar a rufe don ta yi sanyi kafin in haɗa, na shagala da wanki, sai ƙara na ji. Ta fashe, na wuni ina tsintar gilashi a firizar da kake lallaɓawa kamar jaririya. Na sake haɗawa, na manta da kankarewa, ya daskare ya zama dutse, cokali ya lanƙwashe a kansa. Na uku yana cikin kamawa aka ɗauke wuta. Na tsaya a kicin ina kallon kwano, ni da ban yarda yaro ya yi kuka a kan abin banza ba, sai ga hawaye. Ina kake, mai hannun da ƙarfe ke jin maganarsa? Ina kake ka ce mini, "Sajan, a hankali, ƙanƙara ba ta jin tsawa"?

Jiya dai ya yi. Ya tashi sumul, launinsa kamar gefen sama da yamma. Na rufe kwanon, na naɗe da tawul, na sa a kula, na hau mota. Muka shiga cunkoso, rana tana dukan rufin mota, ni kuwa na rungume kula a ƙirji kamar mai kai jariri asibiti, ina ta salati. Da na iso nas ta sunkuyar da kai ta ce, "Ki yi haƙuri, baiwar Allah, har yanzu bai janye maganarsa ba." Na ba Yaya ta shiga da shi. Ba ta daɗe ba ta fito da kwanon yadda yake, ko murfin ba ka bari an ɗaga ba.

Na zauna a benci na buɗe, ina kallonsa yana komawa ruwa a kan cinyata. Ka san ni, ba a zubar da abinci a gabana. Da ya gama narkewa sai na kafa kai na shanye. Ka ji yadda na fara ɗanɗana abinka, masoyina: da ɗumi, a tsinke, a gaban baƙin mutane, ba kai a kusa. Abin da ka miƙo mini da sanyinsa da dariyarka na ƙi, shi na sha da gishirin hawaye. Kuma yana da daɗi! Ko a haka yana da daɗi, har na ji haushin kaina.

Yanzu ka saurare ni da kyau. In ramin da aka bari a wuyanka kake ɓoye mini, ka makara. Na je wurin nas ta koya mini yadda ake wanke shi, da yadda ake canza auduga, da abin da ake yi in ya toshe. Ta gwada mini a jikin mutum-mutumin roba, na yi ta maimaitawa har ta ce hannuna ya faɗa. Wa kake zaton zai yi maka wannan in ka dawo gida? Yaya tana da nata gidan da nata mijin. Ranar wanka ba a ɓoyon cibi, kuma hannunka ba ya ruɓewa ka yanke ka yar. Ban auri murya ba, ban auri wuya ba, kai na aura.

In kuwa bakina kake tsoro, ga alkawari, kuma ka san ban taɓa saɓa alkawari ba ko da yaro na yi shi. Kalmar nan da kake gudu ba za ta fito daga bakina ba, ba yau ba, ba ranar da muka yi faɗa ba, ba bayan ka warke ba. Ba zan furta ta da harshe ba, ba zan faɗe ta da ido ba. Na haƙa rami na binne ta.

Gobe lokacin ziyara zan dawo da sabon haɗi. Abin ba ya jure jira, kai ka fi kowa sani, don haka kada ka tsaya dogon tunani. Ba sai ka rubuta komai ba, in nas ta leƙo ka ɗaga mata kai kawai. Zan shigo in ja kujera in zauna, in ɗebo rabin cokali. In ka haɗiya, alhamdu lillahi. In ya ƙi wucewa, in goge maka baki mu jira, mu sake gwadawa. Kai ba murya, ni ba wa'azi, mu ga irin hirar da za mu yi. In kuma ka sake mayar da ni, jibi ma ina nan, da gata, har sai ɗayanmu ya gaji, kuma ka san ba ni ba ce.

Taka a lafiya, taka a ciwo, taka ko ka buɗe ko ka rufe, har ranar da za a mayar da ni ga Mai Ni.

Matarka, uwar 'ya'yanka.