Ƙafar Sammani da Zakarun Waje

Fagge, Kano
Oktoba, 1956

Zuwa ga yayana Malam Kyari a Yerwa,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa da ban girma, ina fatan takardar nan ta same ka lafiya, kai da iyalinka duka. Allah ya ƙara maka lafiya da nisan kwana, amin. Mu nan alhamdu lillahi. Tsohuwarmu Kaka tana nan da ciwon gwiwarta, amma tana cin tuwo tana faɗa, ka san kuwa in tana faɗa to lafiya lau take. Damina ta yi kyau, sai dai katangar bayan gida ta zube, mun kafa zana kafin a samu magini. Kada ka yi mamakin rubutun nan a karkace, hannuna ne. Ajin yaƙi da jahilci ya yi mini rana, domin maganar nan ba ta kai wa mai rubuta wasiƙa na bakin gidan waya ba ce, kafin in dawo gida duk Fagge ta ji.

Maganar ɗanka Sammani ce. Ka san tun kafin gashin baki ya fito masa yake tsare wa kulob ɗin ƙwallon nan gida, wanda suke kira Zakarun Waje. Duk waɗanda suka fara tare sun watse, kowa ya kama gabansa. Abokinsa Innocent, ɗan Monica mai sayar da manja a kasuwar Sabon Gari, ya koma kulob ɗin 'yan reluwe, aka ba shi aiki a tasha har da takalmin wasa. Ya yi ta zarya gidan nan yana cewa su ma gola suke nema, Sammani ya zo kawai. Shi kuwa sai ya yi dariya ya ce a Zakaru aka haife shi, a Zakaru za a binne shi. Na ce masa ni dai na san ɗakin da na haife shi, kuma ban ga zakara ko ɗaya ya kawo mini ruwan zafi ba. A lokacin raha muke yi.

A wasan kofin bana wani mai takalmi ya taka masa ƙwauri ya tsage, shi kuwa Sammani ƙafarsa ba takalmi. Aka ɗaure da bandeji nan cikin fili, ya ƙarasa wasa ba a ci shi ko ɗaya ba. Shi ke nan sai manyan kulob ɗin, wani ɗan kwangila da suke kira Manaja da mutanensa, suka ce ai sa'arsu tana cikin ɗaurin nan. Suka kawo wani mai magani ya cusa laya a ciki, ya ce kada a kwance, kada ruwa ya taɓa, sai an ɗauki kofi. Yaya, manyan mutane fa, masu babbar riga da agogo a hannu. Suka ci wasa na gaba, suka ci na bayansa, imaninsu ya ƙaru, ɗauri yana nan yadda yake.

Ni ban sani ba, kullum yana cikin dogon wando yana ce mini targaɗe ne. Wari ne ya tona masa asiri. Na yi ta neman mushen ɓera a ɗakinsa, na ɗaga tabarma, na ja akwati, ashe a jikin ɗana abin yake. Ranar da ya zauna cin abinci na ga ƙudaje sun bar miya sun koma ƙafarsa, sai na ɗage wandon da kaina. Ba zan iya rubuta maka duk abin da na gani ba. Bandejin ya yi baƙi ƙirin ya manne da nama, ruwa rawaya yana tsattsafowa, ƙafar ta kumbura har gwiwa tana sheƙi. Na fita na yi amai a bakin rariya. Shi kuwa yana zaune yana roƙona in yi haƙuri in rufa masa asiri, wai saura wasa ɗaya.

Na yafa gyale na nufi Sabon Gari. Monica, Allah ya saka mata, ta bar manjanta a hannun maƙwabciya ta aika tasha aka kira Innocent. Da ya ga ƙafar ya zagi Sammani da Hausa, da Hausar ta ƙare masa ya koma yarensu, sannan ya ɗora shi a keke kamar buhun gyaɗa sai asibiti. Likita ya yanke ɗaurin da almakashi ya jefa layar cikin bokiti, aka wanke, aka yi allura. Ya ce da mun ƙara jinkiri da ba wannan maganar ake ba, kuma in ya sake taka fili kafin ciwon ya rufe, daga gwiwa za a yanke.

Kashegari sai ga Manaja da mutanensa a asibiti. Na ɗauka dubiya suka zo. Abin da suka fara tambaya shi ne ina layar. Sannan wai a ba su aronsa ranar Asabar da la'asar, ai gola ba gudu yake ba, tsayuwa ce kawai, kafin magariba sun dawo da shi a mota. Aronsa, Yaya, kamar turmi. Ina waiwayawa sai na ga ɗanka ya sauko da ƙafa daga gado yana laluben wandonsa. A nan, gabansu da gaban Monica da marasa lafiya, na faɗi abin da ban taɓa zaton zai fito daga bakina ba. Na ce in ya taka filin nan ban yafe masa nonon da ya sha ba, duniya da lahira. Ya dube ni kamar bai san ni ba, ya mayar da ƙafar, ya juya wa bango fuska.

Ranar Asabar aka ci Zakaru. Tun daga nan ko mutum ɗaya daga cikinsu bai leƙo ya ce sannu ba. Suna yawo a Fagge suna cewa ya ci amana, wai 'yan reluwe sun saye shi, har sun ɗauko sabon gola daga Gwagwarwa. Amma abin da ya fi tayar mini da zuciya shi ne har yanzu Sammani kare su yake yi. Jiya na ji yana gaya wa Kaka in ya warke zai je ya ba Manaja haƙuri, ko ɗaukar ruwa ne a bar shi ya riƙa yi musu. Shi ne zai ba da haƙuri! Na ajiye ludayi na shige ɗaki don kada in ƙara faɗin wata maganar.

Yanzu an sallamo shi, yana takawa da sanda, ciwon yana ƙanƙancewa. Tsakanina da shi sai gaisuwar safe. Da la'asar in ya jiyo usur daga fili sai ya kasa zama, na kuma san ranar da ya yar da sandar nan can zai nufa, ko da wankin ciwon bai ƙare ba. Don haka ina roƙonka don Allah ka aiko a kira shi. Ka ce kana bukatar mutum a rumfarka ta fata, bai taɓa ƙin maganarka ba. Kada ka ce ni na roƙa. Na san gidan zai yi mini faɗi, kuma mai yiwuwa ya daɗe bai huce ba. Na yarda. Ya yi ta fushi da ni, in dai da ƙafa biyu yake tafiya.

Ka gaishe mini da Yagana da Fanna da Modu da sauran yara. Kaka tana gaishe ka, ta ce kada ka manta da turarenta. Ina zuba ido ga amsarka a motar da ta fara tasowa. Allah ya sada mu da alheri. Haza wasalam.

Ni ce ƙanwarka,
Falmata