Kwamfutocin Makarantarmu Sun Fara Kallonmu

Zuwa ga Alhaji, mai makarantar da nake koyarwa a Gwandu,

Assalamu alaikum. Ina gaisuwa, da fatan iyali suna lafiya. A gafarce ni da na fito fili. A ofis kana cikin gaya mini wai maganar kwamfutocin nan tsoro ne kawai irin na mata, dariya ta ƙwace mini, na kasa ƙarasa bayani. Har yanzu ba ta sake ni ba.

Na ɗaya. Babbar manhajar da ke tafiyar da kwamfutocinmu ba ta asali ba ce. Ɗan'uwanka mai gyara a Kalgo ya sauko da ita daga intanet, bayan wani da ba mu sani ba ya yi mata kwaskwarima: ya cire kariyarta, ya toshe sabuntawa, wai don ta yi gudu kada ta sha data. Gudu kam tana yi, Alhaji! Da filashi ɗaya, ɗan abin kwafar nan, ya ɗora ta a kwamfutocin duka, har ta ofishinka.

Na biyu. Ɗakin kwamfuta kaɗai ke da fanka da sakata, don haka nan malamai mata ke cire hijabi bayan azahar su sha iska, mai jego ta shayar. Makon jiya muna zaune fitilar kyamarar wata kwamfuta ta kunna kanta, kibiya ta fara yawo a allo ba hannun kowa. Malama Hadiza ta yi salati ta shige ƙarƙashin tebur da kwanon shinkafarta. Malama Grace ta hau addu'ar korar aljanu. Aljani mai intanet! Mun yi dariya har hawaye, sannan muka tuna ba mu san wanda ya gan mu ba, ga kuma hotunan 'ya'yan mutane a cikin kwamfutocin.

Na uku. Maganinka shi ne a liƙa wa kyamarar filasta. Madalla. Amma a idon doka manhajar sata ce, kuma ni aka sani da kula da ɗakin. Ranar tambaya ni za a kira, ba mutumin Kalgo ba.

Roƙona, a goge su kakaf a sa ta asali mai lasisi, a canza kalmomin sirri, a faɗa wa iyaye gaskiya. Kafin nan na zare wayoyin kwamfutocin, na ja ƙofar, na miƙa wa hedimasta makulli, na hau mashin sai gida.

Allah Ya ƙara arziki, Ya ba da ikon gyarawa.

Wassalam.
Malamar da ta sauka daga kula da ɗakin kwamfuta.