Biskit ɗin da Bai Ga Wuta Ba

Litinin, 7 ga Afrilu, 2025

Raina a ɓace yake. Likita ya ce sugana ya hau, wai shi ya sa ciwon nan na babban yatsan ƙafata ta hagu ya ƙi warkewa. Bara'atu kuwa, 'yar da na haifa da cikina, ta buɗe baki a gabansa: "Likita, duk ruwan sugan da Inna ta dafa sai ta ɗanɗana." To da me zan ɗanɗana, da gwiwa?

Tun ina budurwa nake yin alkaki da dubulan na gara a garin Azaren nan. Amaryar da aka kai wa gara babu alkakina, ni Yelwa, a ciki, sai dai a tausaya mata. Ruwan suga kuwa harshe ne ke sanin ya yi, ba ido ba.

Likita ya ce wai in ban bari ba ƙafar za ta iya tafiya. Aniyarsa ta bi shi.

Laraba, 9 ga Afrilu

Bara'atu ta ɗauke sugan shayi daga ɗakina. A gidana!

Asabar, 12 ga Afrilu

Yau an kai ni bango. Bara'atu ta shigo da Maman Kolade, Bayarabiyar nan mai shagon kayan shayi a bakin layinmu, suka mamaye min madafi da waya a hannu. Wani hatsin Turawa suka zuba a kwano, wai shi ot, da markaɗaɗɗiyar gyaɗa da dabino da madara, suka cakuɗa da cokali kamar masu kwaɓa wa kaji dusa.

"Biskit ne, Hajiya. Ba suga, ba suya, ba gashi. Firji kawai."

Firji! Rabonmu da wuta tun shekaranjiya. Kafin la'asar abin ya baje a faranti ya zama taɓo. Na lakata don in san abin da zan zaga. Ɗanyen gari, yana maƙalewa a dasashi. Na ce musu wannan dakuwa ce ta je boko ta dawo ba ta iya komai ba. Maman Kolade ta yi dariya har da riƙe ciki. Bara'atu ko murmushi.

Ni da hayaƙi ya cinye wa ido a bakin murhu, ni za a koya wa kayan zaƙi daga waya.

Lahadi, 13 ga Afrilu

Akuya ce ta rufa musu asiri, ta lashe farantin tas.

Alhamis, 17 ga Afrilu

Aikin gara daga Sakwa. Na dafa ruwan suga, na ɗanɗana, na kuma ɗanɗanawa. Da na juyo sai ga Bara'atu tsaye a bakin ƙofa. Ta wuce ɗaki, na ji tana jan hanci. Da faɗa ta yi da ya fi min sauƙi, da na san abin da zan mayar mata.

Bakin ciwon ya fara duhu. Ban nuna wa kowa ba. Na sa safa a wannan zafin.

Talata, 22 ga Afrilu

Sun sake. Ina zaune a tabarma ina kallon ɓarna har na kasa. Ba don su na tashi ba, aikin banza ne ba na iya gani a madafina.

Na ture su. Na ɗan yaɗa ot ɗin da riɗi a busasshen kasko. Bara'atu ta ce, "Inna, ai ba a sa masa wuta." Na ce ba gasa shi na yi ba, tsorata shi na yi. Dabino kaɗan, tunda shi ma likitan nasu ya ce da suga a cikinsa, na kirɓa shi a turmi da gyaɗar har suka kama juna. Madarar nan na ce a mayar shago. Citta, kanumfari, ɗan gishiri. Na danna su ƙanana da murfin kwalba, na jera a faifai a kan randa, na rufa jiƙaƙƙen ƙyalle.

Biskit ɗin sun tsaya cak, ba su baje ba. Maman Kolade ta ci ta ce, "Hajiya, hannunki!" Na ce na sani.

Ban ci ba. To, rabi, don in ji gishirin.

Asabar, 26 ga Afrilu

Makirci ne, na gane tun a mota. Bara'atu ta ce mu je Dambam gaida Yaya Kaltum, ta ƙunsa biskit ɗin a leda. Yaya ce ta koya min alkaki. Bara aka yanke mata ƙafar dama saboda wannan ciwon, ni kuwa rabona da ita tun tana gadon asibiti, lulluɓe da bargo.

A ƙofar ɗakinta takalmi ɗaya ne. Shuɗi, na roba, an goge shi tas. Na tsaya ina neman ɗan'uwansa da ido kafin na tuna.

Ta ci biskit ɗin a hankali, ta ce, "Yelwa, citta ta yi yawa." Har yanzu! Sai ta kalli safata, ta sa hannu ƙarƙashin gado ta jawo wani buhu. Takalma ne, duk na dama, wasu ko ƙasa ba su taɓa ba.

"Ƙafarmu ɗaya da ke. In sun cire miki ta hagun, ki aiko a ɗauka. Kar ki sayi sababbi."

Tana faɗa tana dariya. Ban taɓa jin haushin mutum irin na yau ba. Har muka iso Azare ban yi wa Bara'atu magana ba, ita ma ta san dalili.

Litinin, 28 ga Afrilu

Na cire safar na nuna wa Bara'atu. An je an wanke ciwon. Surutun likita dai sai wanda ya ji.

Juma'a, 2 ga Mayu

Wata garar, daga Zadawa. Ruwan suga ya tafasa, hannuna ya tafi ga ludayi da kansa. Na ciro biskit ɗaya daga bakin zani na cusa a baki, na ƙwala wa Bara'atu kira da cikakken baki. Na ce ɗanɗana. Ta ce ya yi. Harshenta kamar katako, ban yarda ba. Amma na sauke.

Ba don likita ba ne. Abin nan kuma har gobe dakuwa ce.

Na rage citta na aika wa Yaya nata, da saƙon ta nemi wadda za ta ba wa buhunta.

Da zan shiga ɗaki na cire takalmana. Ban watsar da su yadda na saba ba. Na sunkuya na jera su, su biyun, kai da kai.